An ga jakar ruwa a hantata, shin kansa ce?

Tambaya: "Assalamu alaikum Likita. Shekarata 46, 'ya'yana shida. Wata uku ke nan ina fama da zafi a ƙahon zuciya, musamman in na yi azumi ko na ci yaji. Da na je asibiti aka tura ni sikanin, mai hoton ya ce akwai jakar ruwa a hantata mai girman santimita 4.3, guda ɗaya ce, sauran hantar lafiya lau. Tun ranar ban sake barcin kirki ba, domin ciwon hanta ne ajalin yayana shekara biyu da suka wuce, cikinsa ya kumbura, idonsa ya yi ɗorawa. Wani ya ce in je a zuƙe ruwan da allura, maƙwabciyata kuma ta kawo min maganin wankin hanta a gora. Don Allah mene ne wannan abu? Yana zama kansa? Me ya kamata in yi?"

Amsa: Wa alaikumus salam. Hajiya, kafin komai ina yi miki ta'aziyyar yayanki, Allah ya jiƙansa ya sa ya huta. Na gane abin da ya hana ki barci. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu, kuma duk wanda ya yi jinyar mai ciwon hanta har ya ga ƙarshensa, jin sunan hanta kaɗai a bakin likita ya isa ya tsinka masa zuciya.

Abu uku kike son sani: mece ce wannan jaka, ko irin ciwon marigayi ne ya fara miki, sannan a taɓa ta ne ko a ƙyale ta. Bari in fara da abin da zai kwantar miki da hankali. Bisa bayanin da kika kawo, jaka guda ɗaya, santimita 4.3, sauran hanta lafiya, a jikin mace mai shekara 46, abin da ya fi rinjaye nesa ba kusa ba shi ne jakar ruwa ce marar illa, irin wadda ba ta rikiɗewa ta zama kansa, ba ta kuma cinye hanta. Sai dai ban duba ki ba, ban ga hoton da idona ba, don haka zan bi da ke yadda muke tantancewa a asibiti, domin ki san abin da za ki tambayi likitanki.

Daga ina jakar take fitowa

Hanta tana sama a ɓangaren dama na ciki, haƙarƙari ya yi mata rumfa, nauyinta a jikin babba wajen kilo 1.5. Cikin ayyukanta akwai haɗa ruwan ɗaci, wanda ke bin wasu siraran hanyoyi a cikinta, su haɗu su zama manya, ya taru a matsarmama, daga nan ya zuba cikin hanji ya taimaka wajen narkar da maiƙo. Tun mutum yana cikin mahaifiyarsa, lokacin da ake shimfiɗa waɗannan hanyoyi, wani lokaci sai wata 'yar hanya ta yanke daga sauran, ta toshe gaba da baya. Fatar da ke cikinta ba ta daina tsatso ruwa ba, ruwan kuma ba shi da mafita. Sai ya riƙa taruwa kaɗan-kaɗan, shekara da shekaru, har ya zama 'yar jaka. Ita ce likitoci ke kira sist.

Ke nan ba abinci ne ya jawo miki ba, ba ɗauka kika yi daga wani ba, ba ki kuma saka wa kowa ba. Mai yiwuwa ma da ita a jikinki kika haifi 'ya'yanki, ba wanda ya sani, domin ba wanda ya leƙa. Binciken da aka yi a ƙasashe daban-daban ya nuna ana samun irinta a jikin mutum 2 zuwa 18 cikin 100, ya danganta da irin na'urar da aka duba su da ita. An fi ganinta bayan shekara 40, kuma mata sun fi maza. Abin da ya sa kamar ta yawaita yanzu, na'urar sikanin ce ta shiga kowane lungu.

Ki ƙiyasta girmanta. Santimita 4.3 kamar lemon tsami ne matsakaici, ruwan da ke ciki bai cika cokalin cin abinci uku ba. Hanta mai kilo 1.5 ba ta ma san da zamanta ba, shi ya sa gwajin jini na aikin hanta yake fitowa daidai a wajen masu irin wannan jaka.

Abin da muke nema a hoton

Na'urar sikanin sauti take aikawa cikin jiki, ta saurari amsa-kuwwar da ta dawo. Ruwa zalla ba ya mayar da sauti, saboda haka jakar lafiya takan fito baƙa ƙirin a allon, zagayayyiya kamar an ɗora bakin kofi an zana, bangonta siriri har da ƙyar ake ganinsa, bayanta kuma ya yi haske domin sautin ya ratsa ruwa bai rage ƙarfi ba. Babu katanga da ta raba cikinta, babu tsiro a jikin bango, babu gurɓataccen abu da ya kwanta a ƙasa. In waɗannan siffofi suka cika, magana ta ƙare. Ƙungiyar likitocin hanta ta Turai, EASL, a ƙa'idojin da ta fitar a 2022 ta ce jakar da ta cika waɗannan siffofi kuma ba ta damun mai ita ba ta buƙatar a riƙa maimaita mata hoto, komai girmanta.

Ni dai a nawa aikin ina ƙara mataki guda. Sikanin ya dogara ne da hannun mai yi da ingancin na'urarsa, kuma takardu da yawa da ake kawo min layi ɗaya ne kawai: an ga jaka, girmanta kaza. Ba a ce komai kan bango ba, ba a ce komai kan abin da ke ciki ba. Irin wannan takarda ba ta ishe ni yanke hukunci ba. Sai in tura mutum a sake masa sau ɗaya wajen ƙwararren likitan hoto, ya je da ciki wayam na awa 6 zuwa 8, a duba har matsarmama da ƙoda biyu. In aka ga wani abu da ya saɓa, katanga ko kauri ko tsiro, a nan ne ake zuwa manyan na'urorin hoto, wato MRI ko CT. Kada ki bari a tatse ki da gwaje-gwajen alamun kansa irin CA 19-9 da CEA saboda wannan jaka. Ba sa iya raba mai illa da marar illa, sukan hau ko babu komai, sai su ƙara wa mutum tashin hankali.

Kama da wane ba ta wane

Dalilin wannan taka-tsantsan shi ne akwai abubuwa kaɗan da ke shigar burtu su yi kama da jakar lafiya. Wanda na fi so ki sani, domin ya shafi maganar allurar da aka ba ki shawara, shi ne jakar tsilar kare.

Akwai wata 'yar ƙaramar tsila mai suna Ekinokokus, tsawonta bai kai santimita 1 ba, tana zaune a hanjin kare ba tare da ta dame shi ba. Ƙwayayenta na fita a kashinsa, su bazu a ciyawa da ƙasa da ruwa, su maƙale a gashinsa. Tunkiya ko akuya ko saniya ko raƙumi in suka haɗiye su wajen kiwo, sai tsutsar ta huda hanji ta bi jini ta sauka a hanta ko huhu, ta gina jaka cike da ruwa da dubban 'yan kawunan tsila. Mahauta sun san ta sarai. Wanda ya taɓa tsayawa a kwata ana feɗe raƙumi ya ga irin waɗannan fararen ƙulli-ƙulli a huhu ko hanta, a sa wuƙa ruwa ya tsinke. Likitocin dabbobi sun sha samunta a raƙuman da ake yankawa a Kano da Sakkwato da Maiduguri. Abin da ke ba ni takaici shi ne abin da ke biyo baya: a yanke wajen da ya lalace a wurga wa kare. Karen ya ci, tsila ta tsiro a hanjinsa, zagayen ya koma farko.

Mutum yana kamuwa ne kamar yadda tunkiya ke kamuwa, ta hanyar haɗiye ƙwai daga kashin kare: a shafa kare a ci abinci ba a wanke hannu ba, ko ɗanyen ganye da ba a wanke ba, ko ruwan tafkin da karnuka ke sha. Cin dafaffen nama ba ya sa ta, kuma mutum ba ya saka wa mutum. Shi ya sa makiyaya da mafarauta da mahauta da yaran da ke wasa da karnuka suka fi shiga haɗari. Wajen kashi 70 cikin 100 na masu ita a hanta take sauka, sai huhu ya biyo baya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a kowane lokaci akwai sama da mutum miliyan 1 da ke ɗauke da cutar, kuma yankin Turkana a arewacin Kenya yana cikin inda ta fi yin ƙamari a duniya, haka ana fama da ita a Sudan da ƙasashen arewacin Afirka.

In ta girma, ganinta a hoto ba wuya: za a ga 'yan jakunkuna a cikin uwar jaka kamar saƙar zuma, ko fatar ciki ta saɓule tana yawo a ruwa, ko bango ya daskare ya yi tauri. Matsalar tana farkonta, lokacin da take ɗaki guda baƙa ƙirin, ba abin da ya raba ta da jakar lafiya sai ɗan kaurin bango mai layi biyu wanda sai idon da ya saba zai kama. Gwajin jini yana taimakawa, amma yakan ce babu alhali akwai.

Ruwan wannan jaka ba abin wasa ba ne. Akwai wani saurayi makiyayi da aka taɓa kawo mana, an ga jaka a hantarsa a wani ƙaramin asibiti, mai duba shi ya zata ƙurji ne, ya soka allura. Kafin a zare allurar jikinsa ya yi ruɗu-ruɗu da borin jini, numfashi ya fara sarƙewa, jini ya faɗi. Allah ya yi da sauran kwana, aka ceto shi. Amma ba a nan abin ya tsaya ba, domin duk ɗigon da ya zuba a cikin ciki iri ne aka shuka, kowane ɗan kan tsila yana iya zama sabuwar jaka. Watanni ya yi yana shan magani, shekaru muna bibiyarsa da hoto. Duk lokacin da wani ya ce min "a zuƙe kawai", fuskar yaron nan nake tunawa.

Tana da magani, kuma yana bin matakin da ta kai. Ƙarama mai ɗaki guda da ba ta kai santimita 5 ba, ƙwayar albendazol ta wata 3 zuwa 6 takan isa, ana sha da abinci mai maiƙo, ana auna jini a kai a kai, ba a kuma ba mace a farkon ciki. Wadda ta fi haka ana iya soka mata allura, amma a asibitin da ya shirya: an riga an fara albendazol, maganin ceto yana kusa, a zuƙe, a zuba ruwan gishiri mai ƙarfi ko sinadarin alkohol ya kashe tsilar, a sake zuƙewa. Jakar da ke da 'yan jakunkuna da yawa a ciki galibi sai tiyata. Wadda ta mutu ta daskare kuwa ido kawai ake sa mata. Saboda haka ki tambayi kanki: kin taɓa zama a gidan da ake kiwon karnuka, ko a ruga, ko gidan fawa? In eh ne, ki gaya wa likita ko bai tambaya ba.

Na biyu shi ne ƙurjin hanta, wato mugunya ce ta taru. A wajenmu yawanci ƙwayar amiba ce, wadda ke kawo atini, take hawa daga hanji zuwa hanta, kuma maza ta fi kamawa sosai. Wani lokaci kuma bakteriya ce, musamman ga masu ciwon suga. Wannan ba ya ɓuya. Mai shi yana zuwa da zazzaɓi da rawar sanyi da gumin dare, gefen dama na ciwo har kafaɗa, in ka ɗan buga haƙarƙarinsa sai ya zabura. Na amiba yana jin metronidazol, wato Flagyl, na kwana 7 zuwa 10, zazzaɓi yakan sauka cikin kwana uku, sai a bi da wani maganin da zai share hanji. Ba ki ambaci zazzaɓi ba, wannan ya nisanta shi daga gare ki.

Na uku wani ƙari ne mai majina a ciki, wanda kusan mata kaɗai yake samu, masu matsakaicin shekaru irin naki. Ba shi da yawa ko kusa, bai kai 5 cikin 100 na jakunkunan hanta ba. Yakan zo da katangu da suka raba shi ɗaki-ɗaki, ko bango mai kauri, an kuma fi samunsa a ɓangaren hagu na hanta. Kaɗan daga cikinsu na juyewa su zama kansa, shi ya sa maganinsa a cire shi ɗungurungum. Haka nan kansar da ta taso daga wani waje, kamar ƙwan mace ko babban hanji, takan yaɗo hanta ta yi kama da jaka, amma bangonta ba ya sumul, mai ita kuma yana rama.

Na huɗu gado ne. In jakunkunan suka haura 10, muna tunanin cutar da ke cika hanta da jakunkuna, wadda sau da yawa take tafiya tare da irinta a ƙoda. In uwa ko uba na da ita, kowane ɗa rabi da rabi ne, ko ya gada ko ya tsira. Hantar takan ci gaba da aikinta, amma tana iya girma har ta cika ciki, kuma mata sun fi shan wahalarta domin sinadarin jikin mata da ake kira estirojin yana ciyar da jakunkunan, shi ya sa muke hana masu ita ƙwayoyin tazarar haihuwa masu estirojin. Abin tsoron ya fi yawa a ƙoda: hawan jini tun da ƙuruciya, da gazawar ƙoda daga baya. Taki guda ɗaya ce, amma shi ya sa na ce a duba ƙoda, a kuma auna ki a ga ko kina da hawan jini.

Maganar zuƙewa da tiyata

In an tabbatar jakar lafiya ce kuma ba ta damun ki, maganinta shi ne a ƙyale ta. Na san wannan magana tana yi wa mutane nauyi. Mutum ya biya kuɗin hoto, an ga abu, sannan likita ya ce je ki gida, sai ya ji kamar an yi masa riƙon sakainar kashi. Amma kowace allura da ta shiga hanta tana ɗauke da haɗarin zubar jini da shigar ƙwayar cuta, kada garin neman gira a rasa ido. Ga shi kuma zuƙewa kaɗai ba ta magani. Fatar da ke tsatso ruwan tana nan daram, cikin makonni ko 'yan watanni jakar ta sake cika, kusan kowace.

Wadda muke taɓawa ita ce wadda ta girma har ta takura maƙwabtanta. Na tuna wata dattijuwa da jakarta ta kai santimita 17. Loma uku take yi ta ƙoshi, domin jakar ta danne tumbi. Ruku'u ya gagare ta, sai a zaune take salla, in ta kwanta a gefen dama numfashi ya yi mata wuya. Aka yi mata tiyatar ƙananan huda, wadda ake zura kyamara ta cibiya, aka zuƙe sama da lita 2 na ruwa garai-garai, aka yanke rufin jakar aka bar ta a buɗe yadda duk abin da ta tsatso jiki zai shanye. Da ta dawo bayan wata guda, abin da ta fara gaya min shi ne ta yi sujada goshinta a ƙasa. Irin wannan aiki yana da daɗin yi, domin an san abin da ake nema a gyara.

Ɗaya hanyar ita ce a zuƙe ruwan sannan a zuba sinadarin da zai ƙona fatar ciki, kamar alkohol ko folidokanol, bayan an tabbatar jakar ba ta haɗe da hanyar ruwan ɗaci ba. Ba ta buƙatar yanka, ta dace da wanda ba zai jure tiyata ba, sai dai tana son haƙuri, domin jakar takan ɗan sake cika da farko kafin ta motse a hankali, ana jiran wata 6 kafin a ce aiki ya yi ko bai yi ba. Waɗannan ayyuka na manyan asibitoci ne, irin asibitocin koyarwa na Kano da Zariya da Sakkwato da Maiduguri, inda likitan hoto da likitan tiyata za su zauna kan hoto guda.

Babu ƙwaya ko sassaƙe da ke narkar da jakar lafiya. Don Allah ki mayar wa maƙwabciyarki gorar nan tare da godiya, na san ƙauna ce ta sa ta kawo. Hanta ita ce matatar duk abin da aka sha, kuma abin da ba a san me aka haɗa a ciki ba, ba a san adadinsa ba, kanta yake fara sauka. Na karɓi mutanen da suka zo da jakar da ba ta taɓa yi musu komai ba, suka yi mako uku suna ɗirkar jiƙo, suka dawo ido ya yi ɗorawa, fitsari kamar shayi. Hantarki a yanzu lafiyarta ƙalau, ba ta da dattin da za a wanke.

To zafin ƙahon zuciyar fa?

Da wuya jaka mai santimita 4.3 ta kawo zafin da ke tashi da azumi ko yaji. Wannan ya fi kama da gyambon ciki ko kumburin tumbi, kuma abin da nake gudu shi ne kowa ya zuba ido kan jakar a manta da abin da ya kai ki asibiti. A yi miki gwajin H. pylori, ƙwayar cutar da ke kawo gyambon ciki, ta bayan gida, amma ki dakatar da maganin gyambon ciki na omefrazol mako 2 kafin gwajin in kina sha, domin yana ɓoye ta. In an same ta, maganin kwana 14 ne, a shanye shi duka. Ki nisanci magungunan ciwon jiki irin dikulofenak da ibufurofen da firoksikam, da haɗin da masu kemis ke ƙullawa a leda. In kuma kina rama, ko amai da jini, ko baƙin bayan gida kamar kwalta, ko haɗiya na yi miki wuya, sai a zura kyamara a duba tumbin ba tare da jinkiri ba.

Ita jakar, abin da zai sa ki koma asibiti a ranar shi ne ciwo mai tsanani da ya taso farat ɗaya a gefen dama, wanda kan nuna jini ya zuba a cikinta, ko zazzaɓi tare da ciwon wajen, ko ido ya canza launi, ko ki ji ciki na girma kina saurin ƙoshi. Waɗannan ba kasafai suke faruwa ba, kuma an fi ganinsu a manyan jakunkuna.

Abin da rasuwar yayanki take gaya mana

A nan ne nake so ki mayar da damuwarki. Kumburin ciki da shawara da kika gani a jikin marigayi alamu ne na hantar da ta ƙanƙance ta taurare, ko kansar hanta, kuma a ƙasarmu abin da ya fi kawo su shi ne ciwon hanta nau'in B, wato hefataitis B. Ba zan iya cewa shi ne ajalinsa ba tunda ban ga takardunsa ba, amma shi zan fara zargi. Wannan ciwo ba shi da alaƙa da jakarki ko kaɗan, sai dai yana da alaƙa da ke, domin an fi ɗaukarsa wajen haihuwa ko a ƙuruciya tsakanin yaran gida ɗaya, ta aska da tsaga da kaciya da ƙananan raunuka. Babban binciken ƙasa da aka yi a Najeriya a 2018 ya samu mutum 8 cikin 100 na masu shekara 15 zuwa 64 suna ɗauke da shi, mafi yawansu ba su sani ba, domin yakan yi shekaru da dama shiru, har sikanin ya nuna hanta lafiya alhali ƙwayar na cikin jini.

Gwajinsa ɗigon jini ne, ana kiransa HBsAg, kuɗinsa bai kai na sikanin ba, a haɗa da na nau'in C. Ki yi, maigida ya yi, 'ya'yanki shida su yi, ki kuma kira sauran 'yan ɗakinku da matar marigayi da 'ya'yansa. Sai a 2004 aka saka rigakafinsa cikin alluran yara a Najeriya, ke nan manyan 'ya'yanki da aka haifa kafin nan mai yiwuwa ba su samu ba. Wanda aka samu da shi, ba ƙarshen duniya ba ne: za a auna yawan ƙwayar da lafiyar hantarsa, wanda ya cancanta a ɗora shi kan tenofobir, ƙwaya ɗaya a rana, wanda ke cikin haɗari kuma a riƙa yi masa sikanin duk wata 6 domin a kama ƙari tun yana ƙarami. Wanda ba a samu da shi ba kuma bai taɓa rigakafi ba, allura uku ce: ta farko, sai bayan wata 1, sai a wata na 6. In akwai mai juna biyu a cikin zuri'ar, a gwada ta tun kafin haihuwa, jaririn kuma a yi masa allurar farko cikin awa 24.

Ranar da za ki koma wajen likita, ki tafi da takardar sikanin ta farko da hoton da aka manna mata, da takardun marigayi in suna nan. Allah ya ba ki lafiya, Hajiya.